Yadda sauti zai koma alamomin haske a zana taswira a duniyar ƙagaggen labari

Tambaya: Ina rubuta ƙagaggen labari a kan wata al'umma da ke zaune a manyan kogwannin ƙarƙashin ƙasa, ba rana ba wata. Na ba su wani dutse da ke yin haske idan sauti ya taɓa shi, kuma ina so masu zana musu taswira su riƙa aiki da shi. Yaya zan tsara abin ya shiga hankali? Kuma waɗanne irin alamomi ya kamata hasken ya riƙa fitarwa?

Amsa: Malama, dutsen naki ba shi da matsala. Mai karatu zai yarda da dutse mai haske ba tare da gardama ba, don ya san labari ya zo karantawa. Wajen awo ne zai kama ki. In kika ce an yi kuwwa a kogo, dutse ya haska, sai ga taswira ta fito cif a bango, duk wanda ya taɓa riƙe igiyar awo zai san an tsallake aikin gaba ɗaya. Sauti ba ya ɗauko hoton wuri. Abin da yake dawowa da shi kaɗan ne: tsawon lokacin da ya ɗauka kafin ya dawo, ɓangaren da ya ɓullo, da halin da ya dawo a ciki, da ƙarfi ko a raunane. Daga waɗannan ne mutanenki za su haƙo nisa da alƙibla, kuma kowace alamar haske dole ta tsaya a madadin ɗaya daga cikinsu.

Mu fara da lokaci, don shi ne ƙashin bayan aikin. A iska mai zafin digiri 20, sauti na tafiyar kimanin mita 343 a sakan ɗaya. In mai awo ya tafa hannu, amsa-kuwwa ta dawo bayan sakan guda, to sautin ya yi zuwa da dawowa, bangon yana kusan mita 170 ke nan. Wannan kunne ma zai iya. Amma kunnen mutum ba ya raba tafi da amsarsa in tazararsu ba ta kai kashi ɗaya cikin goma na sakan ba, wato in bangon bai kai nisan mita 17 ba. Galibin lungunan kogo kuwa ba su kai haka faɗi ba. Kin ga dalilin da al'ummarki za ta buƙaci dutsen tun asali, kuma yana da kyau ki bari wani dattijo a labarin ya faɗi hakan: a babban fili kunne ya wadatar, a matsatsi sai dutse.

Sai dai a nan gizo ke saƙar. Ido ma yana da nasa jinkirin. In dutse ya yi walƙiya sau biyu a cikin ɗan ƙanƙanin lokaci, ɗaya ta tafi ɗaya ta amsa, ido zai haɗe su ya ga walƙiya ɗaya. Saboda haka dutsen shi kaɗai bai warware komai ba, sai an sami dabarar da za ta shimfiɗa lokaci a kan bango yadda za a auna shi da ma'auni. An yi wannan dabarar a duniyarmu tun kafin lantarki ya shiga gidaje. A 1862 wani maƙerin kayan nazarin sauti da ke zaune a Paris, Rudolph Koenig, ya ƙera wani ɗan akwati da tantani ya raba shi biyu. Ta gefe ɗaya gas ke wucewa zuwa wani ɗan harshen wuta, ta ɗaya gefen kuma ake shigo da sauti ta bututu. In sauti ya kaɗa tantanin, sai harshen wutar ya riƙa tsalle yana sauka da saurin da ido ba ya iya bi. Sai ya kafa madubi mai fuska huɗu yana juyawa a gaban wutar. A cikin madubin, tsallen da ya faru yanzu yana bayyana a nan, wanda ya biyo baya yana bayyana gaba kaɗan, sai ka ga jerin haƙora na haske, kowane wasali da irin nasa jerin.

Madubin nan mai juyawa shi ne abin da na fi so ki ɗauka daga duk amsar nan. Ki ba masu taswirarki shi. A ce an saita shi yadda ɗigon hasken dutse zai share mita ɗaya a jikin allo cikin kashi ɗaya bisa goma na sakan. Walƙiyar farko, ta tafin kansa, za ta faɗa a bakin allon. Ta biyu, ta amsa-kuwwa, za ta faɗa can gaba. Kowane santimita ɗaya tsakaninsu yana nufin santimita 17 na nisan bango. Yaro ma zai iya karantawa in an koya masa. Sharaɗin kawai shi ne madubin ya riƙa juyawa da gudu ɗaya ba ƙari ba ragi, ko ruwa mai zuba ke juya shi ko nauyi mai sauka a hankali. Kuma ki lura da abin da wannan ke haifarwa a siyasar garin: wanda ke riƙe da saitin madubi shi ke riƙe da iyakar gonar kowa. In ya rage masa gudu kaɗan, filin wani ya ƙanƙance a taswira ba tare da an taɓa ko tsakuwa ba.

Yanzu batun dutsen kansa. Sauti ba shi da ƙarfin da mutane ke zato. Ƙarfin da ke fita daga bakin mai hira bai wuce kusan kashi ɗaya cikin dubu ɗari na wat ɗaya (ma'aunin da ake auna ƙarfin ƙwan lantarki da shi) ba, amsa-kuwwar da ta dawo daga nesa kuwa ta fi haka rauni nesa ba kusa ba. Gaskiya ne akwai inda sauti ke haifar da haske kai tsaye. A 1934 wasu masana biyu a Jami'ar Cologne ta Jamus suka ga ƙananan kumfa a cikin ruwa suna fitar da haske in an buga musu sauti mai tsananin ƙarfi. Amma walƙiyar ba ta kai kashi ɗaya cikin biliyan na sakan ba, kuma sai da na'ura mai ƙarfi ake samunta. Ba zan ba ki shawarar ki gina duniyarki a kanta ba. Abin da ya fi shiga hankali shi ne hasken ya kasance a ajiye, sauti ya zama mai buɗe masa ƙofa kawai. Haka Alexander Graham Bell ya yi a 1880, da ya sa murya ta kaɗa wani siririn madubi da hasken rana ke dukansa, ya aika magana ta cikin haske har tazarar mita 213. Rana ce ta ba da hasken, murya ta yi masa zane. Haka kuma wasu ƙananan halittun teku suke, waɗanda ke sa ruwa ya yi shuɗin haske da dare in an motsa shi: sinadarin hasken yana jikinsu, girgiza ce ke sakinsa, kuma in aka dame su da yawa hasken na raguwa sai sun huta.

Ki yi wa dutsenki irin wannan hali. Ya zama ana ciyar da shi, ko da zafi ko da wani ruwa, yana gajiya, yana tsufa. Nan take kin sami masu haƙarsa, masu sayar da na jabu, da mai awon da dutsensa ya mutu masa a tsakiyar hanya.

Sautin da za a aika shi ma sai an zaɓa. Marubuta na son su sa a rera waƙa dutse ya haska, amma waƙa ba ta awo. Sautin da ya ɗauki kashi ɗaya cikin goma na sakan yana da tsawon mita 34 a cikin iska, in bangon bai kai nisan mita 17 ba, kafin wutsiyarsa ta bar baki kansa ya riga ya dawo, sai su cakuɗe. Abin da ake so gajeren sauti ne mai kaifi: tafi, bulala, ko duwatsu biyu da aka gwara. Jemage haka yake yi, kukansa na 'yan kashi kaɗan ne cikin dubu na sakan, kuma yana ƙara gajarta shi yayin da yake kusantar ƙwaro. Sannan akwai ciniki tsakanin kauri da kaifi. Sauti mai kauri, mai kaɗawa sau 100 a sakan, zangonsa, wato tsawon kaɗawa ɗaya a cikin iska, ya kai kusan mita 3 da rabi, yana tafiya nesa amma yana kewaye ƙananan abubuwa kamar babu su. Mai kaɗawa sau 40,000 a sakan, irin na jemagu da yawa, zangonsa bai kai santimita ɗaya ba, yana ganin tsaga a bango amma iska na shanye shi da wuri. Don haka ki ba ayarin awo kayan aiki iri biyu, babbar ganga ta manyan kogwanni da ɗan ƙarfe mai tsini na lunguna.

Alƙibla ta fi sauƙi. Hanya ta farko a sa dutsen a gindin ƙaho ko mazurari, yadda ba zai ji komai ba sai abin da ya zo ta inda bakin ƙahon ke kallo. A auna, a juya ƙahon kaɗan, a sake aunawa, har a kewaye. Hanya ta biyu ta fi kyau ga labari, kuma an yi ta a fagen daga. A Yaƙin Duniya na Ɗaya sojojin Ingila sun ɗora wa William Lawrence Bragg, wanda ya sami kyautar Nobel a 1915 yana da shekara 25, aikin gano inda igwogin Jamus ke ɓoye ta hanyar ƙararsu. Sukan jera makirfo kamar shida a tsawon wasu kilomitoci a bayan sahu, kowanne an san gurbinsa a taswira. Waya na kawo saƙon kowanne zuwa na'urar da ke da siraran zarurruka, haske na jefa inuwar zarurrukan a kan fim mai tafiya. In igwa ta tashi, kowane zare zai yi tsalle a lokacin da ƙarar ta iso makirfonsa. Daga bambancin lokutan sai a ja layuka a taswira, inda suka haɗu nan igwar take. Wannan shi ne ainihin abin da kike tambaya, sauti ya koma zanen haske, zanen ya koma ɗigo a taswira. Kuma sun sha wahalar da mutanenki za su sha: in iska na kaɗawa daga wajensu zuwa wajen Jamusawa, sautin kan lanƙwasa ya yi sama ya wuce makirfon, ranar babu aiki.

To, alamomin. Na san abin da ke jan hankalin masu rubutu a nan, wato zane-zanen Chladni. Ernst Chladni ya nuna a 1787 cewa in aka barbaɗa yashi a kan farantin ƙarfe aka goga gefensa da baka irin na goge, yashin zai tattaru ya yi taurari da da'irori masu ban sha'awa. Suna da kyau ƙwarai, amma siffar farantin da kaifin sautin ne ke haifar da su, ba su san komai game da nisan bango ba. In kina son su, ki ba su aikin suna. Kowane ɗakin kogo yana da sautin da ya fi amsawa gwargwadon girmansa, sai a ɗauki zanen da wannan sautin ya fitar ya zama tambarin wurin a taswira. Awo kuwa a bar wa madubi.

Ga alamomin awo, doka ɗaya ce: kowane hali na haske ya ɗauki ma'ana guda, kada ya ɗauki biyu. Gurbin da ɗigo ya faɗa shi ne nisa. Ƙarfin haskensa shi ne taurin abin da sautin ya daka, dutse mai santsi ya dawo da shi da ƙarfi, yashi da taɓo da tarin kashin jemage su shanye shi. Ɗigo siriri mai kaifi bango ne miƙaƙƙe, wanda ya baje ya yi jela kuwa tarin duwatsu ne ko bango mai kunya-kunya. Inda babu ɗigo sam, ko dai hanya ce buɗaɗɗiya ko rami. Duk matar da aka taɓa yi wa hoton ciki a asibiti ta ga wannan tsarin da idonta. Na'urar na aika sauti cikin jiki, tana lissafi da gudun mita 1,540 a sakan, tana sa ɗigo a gurbin da ya dace da lokacin dawowarsa. Ƙashi ya fito fari don ya dawo da sauti sosai, ruwa ya fito baƙi don bai dawo da komai ba.

Ki yi hattara da launi. A haske mai rauni idon mutum ba ya rarrabe launuka sosai, ja ne ke fara ɓacewa, shuɗi da kore su fi daɗewa. Al'ummar da ke rayuwa a duhu ba za ta gina rubutunta a kan launi bakwai ba. Tsawo, kauri, siffa da ƙyaftawa za ta dogara da su.

Wani abin da ake yawan mantawa shi ne walƙiya ba ta zama. Dole a kama ta. A farkon ƙarni na 17 wani mai ɗinkin takalma a Bologna ta Italiya, Vincenzo Casciarolo, ya gasa wani dutse da ya tsinto, sai ya ga in ya sha haske yana ci gaba da haskawa a duhu na wani lokaci. In aka shafe allon awo da garin irin wannan dutse, ɗigon zai tsaya har almajirin mai awo ya bi shi da tsinke ya karce. Ni zan so taswirar dindindin ta zama sassaƙa ce da yatsa ke iya karantawa, a cusa garin haske a cikin tsagogin manyan hanyoyi kawai, don dutse na da tsada. Kuma tunda kogo na da sama da ƙasa, hawa kan hawa, taswira ɗaya ba ta isa. Masu safiyon kogo na gaske kan zana biyu, ɗaya kamar ana kallo daga sama, ɗaya kamar an yanka ƙasar ana kallo daga gefe. Suna tafiya ne daga tasha zuwa tasha, a kowace su rubuta nisa da alƙibla da gangara, kuma in hanya ta zagayo ta dawo inda aka fara sai su duba ko zanen ya rufe. In bai rufe ba, giɓin da ya rage shi ne girman kuskurensu.

Akwai tazara mai yawa tsakanin abin da aka auna da abin da aka zana, kuma a nan nake so ki san Marie Tharp. Ita ce ta zauna a cibiyar Lamont ta Jami'ar Columbia a Amurka tana karɓar awon zurfin teku da jirage suka yi da amsa-kuwwa, a lokacin da ba a barin mata su hau jiragen binciken. Daga layuka shida da suka ratsa arewacin Tekun Atlantika ta lura, a 1952, cewa akwai wani kwari da ya tsaga tsakiyar jerin tsaunukan ƙarƙashin tekun. Abokin aikinta Bruce Heezen ya ƙi yarda da farko. Sun fitar da taswirar arewacin Atlantika a 1957, ta dukan tekunan duniya kuma a 1977. Abin lura shi ne jirgi layi ɗaya kawai yake aunawa, abin da ke tsakanin layi da layi sai mai zane ya cike da iliminsa da hasashensa. Masu taswirarki ma haka za su yi. Saboda haka ki ƙirƙira musu alama biyu mabambanta, ɗaya ta wurin da dutse ya shaida, ɗaya ta wurin da mai zane ya yi zato. Layi cikakke da layi mai ɗigo-ɗigo sun isa. Ranar da wani mai kwafi ya haɗe ɗigogin don zanensa ya yi kyau, ayari guda zai iya halaka.

Saura kurakurai, waɗanda a ganina su ne za su ba ki rabin labarin. Gudun sauti a iska na ƙaruwa da kimanin mita 0.6 a sakan a duk ƙarin digiri ɗaya na zafi. Cikin kogo zafi ba ya cika canzawa, wannan sa'a ce ga mutanenki. Amma in suka kusanci maɓuɓɓugar ruwan zafi inda iska ta kai digiri 40, gudun ya zama kusan mita 355, kuskuren ya kai mita 35 a kowace kilomita. A cikin ruwa kuwa lissafin ya canza gaba ɗaya, don sauti na gudu fiye da ninki huɗu. An auna wannan a Tafkin Janeba na Suwizalan a 1826: Daniel Colladon da Charles Sturm suka sa aka bugi ƙararrawa a ƙarƙashin ruwa daidai lokacin da aka kunna albarushi a sama, mai sauraro a wani kwalekwale da ke nesa da fiye da kilomita 13 ya ga walƙiyar ya fara ƙirga har ƙarar ta iso. Suka sami mita 1,435 a sakan. Ya kamata garinki ya kasance da irin wannan wurin gwaji, wani dogon zaure da aka auna da igiya tun kaka da kakanni, inda kowane ayari zai saita madubinsa kafin ya fita. Har ma zai yi musu wani amfanin: iskar da gas mai shaƙe numfashi ya taru a cikinta tana rage wa sauti gudu kaɗan, don haka in bangon da aka sani ya bayyana ya ɗan ƙara nisa, mai awo mai hankali zai ce a juya.

Bango mai santsi da ya karkace yakan tura sauti gefe, sai allo ya nuna hanya a inda babu hanya. Sautin da ya daki bango biyu kafin ya dawo yakan nuna ɗaki mai ninkin girmansa. Mafi ban mamaki shi ne abin da ya faru da masu sauraron teku a Yaƙin Duniya na Biyu. Na'urorinsu suka riƙa nuna ƙasan teku a zurfin mita 300 zuwa 500 a wuraren da aka san zurfin ya fi haka nesa, kuma wannan ƙasan yana tasowa sama da dare ya koma da safe. Daga baya aka gane tarin ƙananan kifaye ne da wasu halittu, waɗanda jakar iskar da ke cikin kifayen ke dawo da sauti. A kogonki garken jemagu ko labulen ruwa mai zuba zai yi daidai wannan. Don haka ki kafa wa ƙungiyar masu taswira doka cewa ba a sassaƙa bango sai an auna shi sau biyu a lokuta daban-daban, daga tashoshi biyu daban-daban, kuma ki ba su alama ta uku ta abin da ya amsa yau gobe ya matsa.